JAN FENTI A BANGON GIDA: YADDA DOKAR FILI KE JUYA ZAMAN 'YAN AREWA A KUDU

Daga Wakilinmu na Arewa

Kwanakin baya na sauka Ikko don in gai da wani kawuna, ƙanen mahaifiyata, wanda ya shekara fiye da 30 yana sayar da albasa da busasshen barkono a ƙasar Yarbawa. Ban same shi a rumfarsa ba, aka ce yana gida, ba ya jin daɗi. Da na isa sai na ga abin da ya kwantar da shi tun daga ƙofar gida. Waɗansu ma'aikata ne suka zo da safe da gwangwanin jan fenti, suka zana alama a bangon gidansa mai ɗaki shida, suka rubuta kwanan wata, suka wuce gidan gaba.

Ya jawo wata tsohuwar jakar fata daga ƙarƙashin gado, ya zazzage mini takardunsa a kan tabarma. Akwai rasit na waɗanda suka sayar masa da fulotin, da sa hannun shaidu huɗu. Akwai rasit na kuɗin da ya biya ran da aka kafa harsashi, da na ran da aka ɗora kwano. Abu biyu ne kaɗai babu, watau taswirar safiyo wadda aka shigar a ofishin gwamnati, da takardar izinin gini. Ashe tun kafin ya saya, hukuma ta riga ta keɓe wurin don babban lambatu na ruwan sama. Waɗanda suka sayar masa ba su faɗa ba, shi kuwa bai san akwai wani ofis da ake zuwa a tambaya ba.

To, jama'a, abin da ya sa na ɗauki alƙalami ke nan. Kowane gari a ƙasar nan taswira biyu gare shi. Akwai wadda muke gani da ido, mai gidaje da rumfuna da masallatai. Akwai kuma wadda ke ajiye a ofishin filaye, inda aka shata cewa nan gidajen kwana ne, nan kasuwa, nan masana'antu, nan hanya, nan kuma ba a gini ko kaɗan. Ran da taswirar nan biyu suka saɓa, ta ofis ce ke cin nasara. Mu 'yan Arewa mazauna Kudu kuwa mun fi kowa zama a wuraren da suka saɓa ɗin, kuma wannan yana da dalili mai tsawo.

LAYIN DA TURAWA SUKA JA

Cikin 1917, zamanin Gwamna Lugga, aka kafa Dokar Garuruwa. Dokar ta kasa garuruwan Nijeriya daraja uku, Ikko kaɗai ce ta sami daraja ta ɗaya. A garuruwan da Turawa ke zaune aka ware musu unguwarsu daban, aka ware ta baƙaƙen fata daban, aka kuma ce a bar fili mai faɗin yadi 440, watau rubu'in mil, tsakanin su biyun, kada kowa ya yi gini a ciki. Hujjar da aka bayar ita ce wai don kada sauro ya ɗauki zazzaɓi daga unguwar 'yan ƙasa ya kai wa Bature, kuma don kada gobara ta tsallaka. A wurare da yawa wannan fili shi ne ya zama filin sukuwa ko na wasan ƙwallon doki.

Unguwannin Turawan nan su ne Ikoyi a Ikko, Jericho da Iyaganku da Agodi a Badun, Nassarawa da Bompai a Kano. An yanka musu manyan fulotai, gida ɗaya a kowane fuloti, da itatuwa da lambu. Can aka fara kai kwalta da famfo da lantarki. Da aka sami mulkin kai cikin 1960 sai manyan ma'aikata da 'yan siyasa suka gaje su. Bature ya tafi, amma layin da ya ja yana nan. Har yau fuloti ɗaya a irin waɗannan unguwanni ya fi kuɗin layi guda na gidaje a unguwar talakawa, alhali ƙasar iri ɗaya ce. Abin da ya raba su shi ne abin da hukuma ta rubuta a kan kowanne, da abin da ta kashe masa.

YADDA SABO TA SAMU

Unguwanninmu ma da irin wannan layi aka haife su. Mu ɗauki Sabo ta Badun. Jirgin ƙasa ya iso Badun daga Ikko cikin 1901, ya kai Kano cikin 1911. Daga nan shanu suka riƙa saukowa, goro yana hawa, Hausawa suka yi yawa a Badun. Da farko a warwatse suke cikin gari, suna haya a gidajen Yarbawa. Cikin 1916 sai Bale na Badun da majalisarsa, tare da Turawan mulki, suka keɓe musu wuri a bayan gari wajen Mokola, aka ce duk su koma can su zauna ƙarƙashin sarkinsu.

Wannan umurni ya yi abu biyu a lokaci ɗaya. Na farko, ya tara mutanenmu wuri guda, har suka zama jama'a mai ƙarfi. Wani malamin jami'a daga Ingila, Abner Cohen, ya zauna a Sabo cikin 1962 da 1963, lokacin mutanen unguwar wajen 4,000 ne, ya kuma buga littafi a kansu cikin 1969. Abin da ya gano shi ne, a Sabo gida shi ne jari. Fatoma mai ɗakuna da yawa shi ke saukar da falke in ya zo da shanu daga Arewa, ya ba shi masauki da abinci, ya haɗa shi da mahauta, ya tsaya masa in an ɗauki shanu bashi. Shi ke da ɗakin ajiye goro, shi ke da yaran da za su ɗaure huhu. Wanda ba shi da gida ba shi da baƙi, wanda ba shi da baƙi ba shi da la'ada. Da yake iyakar unguwar a ƙayyade take, gidaje suka yi ƙaranci, suka taru a hannun 'yan tsirarun masu gida, su ne kuma suka zama masu faɗa a ji.

Na biyu, kuma shi ne abin da ya kamata mu lura da shi, filin na hukumar gari ne, an ba jama'a ne su zauna a dunƙule. Mutum yana iya mallakar ɗakunan da ya gina, ya sayar, ya bar wa magada, sarkin unguwa da malamai su yi shaida. Amma shaidar nan a bakin mutane take da 'yan takardun hannu. Muddin ana zaman lafiya tana isa. Da gari ya girma ya kewaye Sabo, wurin da a da bayan gari ne ya koma tsakiyar birni mai tsada, sai rashin takarda ya zama rauni. Haka labarin yake, da 'yan bambance-bambance, a Sabo ta Shagamu, da zangon Agege, da Ama Hausa ta Owerri, da sauran wuraren da aka ce wa kakanninmu ga wuri can ku zauna.

Kada mu ɗauka mu kaɗai aka yi wa haka. A Kano an kafa Sabon Gari cikin 1913 don 'yan Kudu da sauran baƙin da jirgi ya kawo, aka raba su da cikin birni. Tun 1910 Turawa suka ce duk ƙasar Arewa tana ƙarƙashin ikon Gwamna, Dokar Filaye ta Jihar Arewa ta 1962 kuma ta maido ikon hannun Minista, ta kuma ce wanda ba ɗan asalin Arewa ba ne ba zai riƙe fili ba sai da yardar Minista. Saboda haka Bayarabe ko Inyamiri a Sabon Garin Kano shi ma bisa aron lokaci yake zaune. Dabarar ɗaya ce a Kudu da Arewa: a tara baƙo wuri guda, a sa masa shugaba, a riƙe filin.

DUBA-GARI DA KATAFILA

A Ikko kuwa annoba ce ta kawo hukumar tsara gari. Cikin 1924 annobar da ɓeraye ke yaɗawa ta ɓarke a tsibirin Ikko, ta yi shekaru tana kashe mutane. Cikin 1928 aka kafa Hukumar Raya Ikko, aka ba ta ikon rushe unguwannin da ta ga sun yi cunkoso da ƙazanta. Cikin 1946 aka yi dokar tsara birane da ƙauyuka ta ƙasa duka. Daga 1955 hukumar ta fara share eka 70 a tsakiyar tsibirin, don a gyara fuskar babban birni kafin ranar mulkin kai, aka kwashe mutanen aka kai su Surulere.

Gidajen Surulere sun fi waɗanda aka rushe kyau, da famfo da makewayi na zamani. Amma mai tireda da ke cin abinci da masu wucewa a tsakiyar gari ta sami kanta a layin da babu mai wucewa. Iyalin da ke gida ɗaya tun kaka da kakanni suka rarrabu. Da yawa daga cikin masu filayen ba su iya sayen nasu ba bayan an gyara, don ya yi tsada. Tun daga wannan lokaci talakan Ikko ya koyi cewa in aka ce za a gyara unguwa, to, ya fara ɗaure kaya.

DOKAR 1978

Dokar da ke mulkin kowane taku na ƙasa a Nijeriya a yau ita ce Dokar Amfani da Ƙasa, wadda gwamnatin soja ta Janar Olusegun Obasanjo ta kafa ran 29 ga watan Maris 1978, Dokar Soja mai lamba 6. Dalilin da aka bayar shi ne 'yan baranda sun sa filaye sun yi tsada, gwamnati kanta tana shan wahala kafin ta sami wurin yin aiki, musamman a Kudu inda filaye ke hannun dangi da sarakuna. Sai aka ɗauko tsarin Arewa na 1962 aka shimfiɗa wa ƙasa duka. An kuma cusa dokar cikin tsarin mulki na 1979, aka maimaita a na 1999, yadda ba a iya taɓa ta sai an bi hanyar gyaran tsarin mulki.

Ga abin da ya kamata kowane mai gida da mai niyyar saye ya sani daga cikinta.

Duk filin da ke cikin jiha yana hannun Gwamnan jihar, amana ce ya riƙe wa 'yan Nijeriya. Abin da mutum ke samu shi ne haƙƙin zama da amfani. A birni Gwamna ke bayarwa, shaidarsa ita ce satifiket ɗin nan da kowa ke nema, wanda galibi shekara 99 ake rubutawa in na gidan kwana ne. A karkara ƙaramar hukuma ke bayarwa, kuma ba za ta ba mutum ɗaya fiye da hekta 500 don noma ko 5,000 don kiwo ba sai da yardar Gwamna. Gwamna ne kuma ke faɗin inda birni ya tsaya, saboda haka ƙauyen da ka sayi gona yau yana iya wayewa gobe ya zama birni a takarda.

Wanda ya riga ya yi gini kafin 1978, dokar ta ɗauke shi tamkar Gwamna ya riga ya ba shi haƙƙin wurin. Wannan albishir ne ga tsofaffin gidajen Sabo da zango, amma fa sai an iya kawo hujjar cewa gidan na nan tun lokacin, kuma an san yadda ya zo hannun mai shi. Wanda ke da filin da bai gina ba a birni a lokacin, rabin hekta kaɗai dokar ta bar masa.

Ba a sayar da fili a birni, ko a jinginar da shi, sai da yardar Gwamna. Cikin 1989 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar wani banki da wani mai gida a Ikko, ta ce jinginar da aka yi ba tare da wannan yarda ba ta rushe, ko da kuwa mai gidan ya mallaki wurin tun kafin 1978. Watau wanda ya sayi gida daga hannun mai satifiket, ya karɓi satifiket ɗin ya sa a akwati, bai gama saye ba tukuna.

Gwamna yana da ikon soke haƙƙin kowa in jama'a na bukatar wurin, kamar don hanya ko asibiti ko bututun mai. In ya soke, diyyar da za a biya ta gini ce da shuka da kuɗin hayar ƙasa da aka biya na shekarar. Ƙasar kanta ba a biyan kuɗinta, don a idon doka ba taka ba ce tun farko. A aikace kuma, ginin da aka yi ba izini sau da yawa ko kwabo ba ya samu.

Bugu da ƙari, satifiket yana faɗin abin da aka yarda a yi a wurin. In an rubuta gidan kwana, ka mai da shi shaguna ko makaranta ko sito, ka karya sharaɗi sai in ka nemi izinin canji. Wa ke da ikon tsara waɗannan ƙa'idodi? Gwamnatin Tarayya ta yi dokar tsara birane cikin 1992, amma cikin 2003 Kotun Ƙoli, a ƙarar da Jihar Legas ta kai, ta ce tsara gari da ba da izinin gini aikin jihohi ne. Saboda haka abin da ka sani a Kano ko Sakkwato ba lalle ya yi maka aiki a Ikeja ko Fatakwal ba. Kowace jiha da nata.

ABIN DA YA SAMI MAROKO

Wanda ke son ya ga ƙarfin taswirar ofis ya tuna da Maroko. Unguwa ce ta talakawa a gefen Victoria Island, mai mutane kimanin 300,000 daga kowace kusurwa ta ƙasar nan, masu gadi da direbobi da kuku da masunta, yawancinsu masu yi wa Ikoyi da Victoria Island hidima. Waɗansu daga cikinsu ma hukuma ce ta zaunar da su can a shekarun baya, bayan ta tashe su daga wani wuri. Gwamnatin Jihar Legas ta karɓe filin a takarda tun 1972, mutane suka ci gaba da zama da gini, suna ganin ai shekaru sun ba su haƙƙi.

Cikin watan Yuli 1990 Gwamnan soja, Kanar Raji Rasaki, ya ba su kwana 7 su tashi. Hujjar ita ce wurin kwari ne, ruwa na cinye shi, yana kuma kawo cuta. Da wa'adi ya cika katafila ta shiga, ana tsakiyar damina. Waɗansu masu gidaje sun sami ɗakuna a rukunin gidajen gwamnati na Ilasan da Ikota, amma 'yan haya, waɗanda su ne mafi yawa, kowa ya kama gabansa. Daga baya aka cike wurin da yashi, aka yanka sababbin fulotai. Yau yana cikin filaye mafi tsada a Nijeriya. Kwarin da aka ce ba ya zaunuwa ya zaunu da aka canja sunan masu shi.

KARA DA KASUWAR GWARI

Mu 'yan Arewa inda abin ya fi taɓa mu shi ne kasuwa. Shanu da tumaki da tirelar tumatir ba su da wuri a tsakiyar gari, saboda haka kullum bayan gari ake ba mu. Mu share daji, mu kori macizai, mu kafa rumfuna da masallaci. Masu abinci su biyo, masu mota su biyo, gidaje su biyo. Bayan shekara 20 sai gari ya iso, filin ya yi daraja, maƙwabta su fara kukan wari da cunkoson motoci, hukuma ta ce wurin bai dace da kasuwar dabbobi ba, a koma gaba.

A Badun masu shanu sun zauna a Sango, aka kai su Bodija lokacin da aka buɗe kasuwar cikin 1987, daga baya aka sake matsar da kara zuwa Akinyele a hanyar Oyo. Cikin 2018 Gwamnatin Jihar Oyo ta umurci mahautan Bodija su koma babbar mayanka ta Amosun, har abin ya kai ga tashin hankali. A Ikko, sunan kasuwar Mil 12 kansa yana faɗin nisan da take da shi daga gari a da. Yau tana tsakiyar jama'a, kuma bayan rikicin watan Maris 2016 gwamnatin jihar ta rufe ta na ɗan lokaci, ta kuma ba da sanarwar niyyar mai da ita Imota a yankin Ikorodu. Cikin watan Mayu 2022 aka ba mutanen Alaba Rago notis na kwana 14.

Kowace ƙaura tana da asararta wadda ba a rubutawa a takardar diyya. Mai sayen da ya saba da rumfarka ba zai bi ka mil 20 ba. Bashin da ke tsakanin dillali da mahauci yana tafiya ne bisa ganin juna kullum. Makarantar allo da masallaci da maƙabarta ba a ɗora su a mota.

Gaskiya kuwa, ba daidai ba ne mu ce duk dokar tsara gari zalunci ce. Mutanen Badun ba su manta da ambaliyar Ogunpa ta watan Agusta 1980 ba, da wadda ta sake zuwa cikin Agusta 2011, inda gine-ginen da aka yi a bakin rafi da sharar da ta toshe hanyar ruwa suka ƙara yawan mamata. A Ikoyi ma, unguwar masu kuɗi, bene mai hawa 21 da ake ginawa ya rufta cikin watan Nuwamba 2021, ya kashe mutum fiye da 40. Lambatun da aka shata ta kan gidan kawuna, in ba a gina shi ba, gidajen waɗansu talakawan ne ruwa zai ci. Kukanmu shi ne yadda ake aiwatarwa: a zuba wa mutum ido yana gini daga harsashi har kwano, a riƙa karɓar haraji a hannunsa shekara da shekaru, sa'an nan rana ɗaya a ba shi mako guda.

MATAMBAYI BA YA ƁATA

To, mene ne abin yi? Da farko mu cire wa kanmu tunanin nan na cewa baƙo raɓa ne. Da yawanmu mun zo da niyyar ci-rani, ga shi 'ya'yanmu sun yi aure a nan, jikoki suna jin Yarbanci ko Ibo fiye da Hausa. Sashe na 43 na tsarin mulkin 1999 ya ba kowane ɗan Nijeriya ikon mallakar gida ko fili a ko'ina cikin ƙasar. Haƙƙin yana nan, sai dai ba ya aiki sai da takarda.

Kafin ka ba kowa ko sisi, ka ɗauki safiyo mai lasin ya auna wurin, ya kai awon ofishin Babban Safiyo na jihar, wanda a Legas yana Alausa ta Ikeja, a duba ko gwamnati ta riga ta karɓe wurin, ko hanya ko lambatu ko wayar lantarki za ta bi ta kai. A Legas akwai manyan yankuna da gwamnati ta karɓe, sa'an nan ta yanko wani ɓangare ta mayar wa ƙauyukan asali, ta buga a Gazet. In mai sayarwa ya ce nasu yana cikin wanda aka mayar, ka ce ya nuna maka Gazet ɗin, safiyonka ya tabbatar fulotin na ciki. Kuɗin wannan bincike bai kai kuɗin bulo na ɗaki ɗaya ba.

In filin dangi ne, kamar yadda yawancin filayen ƙasar Yarbawa suke, ka sani cinikin ba ya tsayawa sai shugaban dangin da manyan gidan sun sa hannu tare. Wanda ɗa ɗaya ya sayar shi kaɗai, a kotu banza ne. Masu zuwa da sanduna suna neman kuɗin harsashi da kuɗin kwano kuwa, waɗanda ake kira omo onile, Jihar Legas ta yi dokar hana su cikin 2016. Rasit ɗinsu ba ya kare gida daga komai. Bayan ciniki lauya ya rubuta yarjejeniya, a buga mata kan sarki, a nemi yardar Gwamna, a yi rajista. Kada a sa bulo ɗaya sai an sami izinin gini. Mai rumfa a bakin babbar hanyar Tarayya kuma ya san cewa wajen ƙafa 150 daga tsakiyar hanya, ta kowane gefe, na hanyar ne.

Sai kuma abin da ya fi ƙarfin mutum ɗaya. Filayen kasuwanninmu da masallatai da maƙabartu da yawa an ba da su ne da baki, ko da wata wasiƙa da aka rubuta da sunan wani sarki ko shugaban kasuwa wanda ya riga mu gidan gaskiya. In ya rasu, takardar ta shiga cikin gado, ko ta ɓace. Hanyar da doka ta tanada ita ce jama'a su yi wa ƙungiyarsu rajista a Hukumar Rajistar Kamfanoni da amintattu sanannu, a nemi satifiket ko yarjejeniyar haya mai shekaru ƙayyadaddu da sunan ƙungiyar. Ina kira ga Sarakunan Hausawa da shugabannin kasuwa da limamai su zauna su binciki takardun kowane wuri da jama'a ke amfani da shi tun ana zaman lafiya. In kuma gwamnati ta kira taron jin ra'ayi a kan sabon tsarin wani yanki, a tura wakilai masu karatu, don a wurin nan ne ake jan layin da zai zo ya same mu bayan shekara 10. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Kafin in baro Ikko, kawu da maƙwabtansa su 11, Hausawa da Yarbawa da Ibo, waɗanda jan fentin ya haɗa, sun tara kuɗi sun ɗauki lauya ɗaya da safiyo ɗaya. Awon farko ya nuna lambatun zai ci ɗaki biyu na gaba da zaure, sauran huɗun suna waje da layi. Yanzu suna neman a ba su lokaci su rushe abin da ya shiga da hannunsu, su tsira da kwano da ƙofofi, sa'an nan su nemi takarda a kan abin da ya rage. Da na zo sallama ya riƙe hannuna ya ce in gaya wa 'yan'uwa, duk mai shirin saye ya fara zuwa ofis kafin ya je wurin mai bulo. Na isar da saƙo. Allah ya tsare mana guminmu, amin.